Tambaya Mai Tafiya da Ƙafa

Sa sunan a sama, Hafsatu, tunda ke ce mai rubutawa, don daga sunan labarin ya tashi. Sunanshi na yanka Sule, amma ko matarshi sai ta yi tunani kafin ta tuno da shi. Tambaya kowa ya sani. Uwarshi Jummai ta daɗe a gidan miji ba haihuwa, ta bi malamai daga 'Yankuzo har Mada tana tambaya, da Allah ya kawo shi sai sunan ya bi shi. Abin da ke ba mutane dariya shi ne, yaron da anka samu da tambaya ya tashi ba ya tambayar kowa komi. Ko ƙishirwa yake ji, gara ya ja jiki ya tafi randa da ya ce a miƙo mashi moɗa.

Uwarshi ta ce ya fara tafiya kamar kowane yaro. Shi dai bai tuna ba. Bayan yaye kaɗan zazzaɓi ya kama shi, da ya sake shi sai ƙafafu sunka ƙi tashi. Shan inna ne. Anka yi rubutu, anka yi turare, anka yi gashi da ruwan zafi, ƙafafun dai sunka shanye sunka naɗe a ƙarƙashinshi, ƙarfin jikin duka ya haura kafaɗu. Ubanshi Shehu manomi ne, ba mai yawan magana ba. Da damina sai ya aza shi bisa jaki a tafi gona tare da sauran yara. Da farko korar tsuntsaye anka ba shi, daga baya ya shiga cirar ciyawa a cikin gyaɗa, tunda shi ba ya buƙatar duƙawa, dama yana kusa da ƙasa. Wasu sun ba Shehu shawara ya kai yaron bakin kasuwa ya zauna, ko ba komi za a riƙa jefa mashi wani abu. Shehu bai ce masu a'a ba, bai kuma kai shi ba.

Da ya zama saurayi sai anka tura shi Tsafe wurin wani kawunshi mai liƙin roba. Sana'a ce da ba ta son kaya da yawa: guntayen ƙarafa, garwashi, da tsohuwar roba da anka yayyanka. In bokiti ya tsage ko buta ta huje, a gasa ƙarfe, a narka roba a bakin tsagar, a shafe. Kawun yana zaune ne a rumfa yana jiran a kawo mashi. Tambaya ya duba ya ga robar da ta fashe tana cikin gidaje, wurin mata, kuma mata ba su zuwa rumfa. Sai dai a bi su. To da me zai bi su?

A nan keken ya samu. Wani bakanike ya ba shi tsofaffin boris na mota, irin zoben ƙarfen nan da ke juyawa, kafinta ya buga su a ƙarƙashin katako wanda bai wuce faɗin murfin akwati ba. Tambaya ya hau ya zauna, ya sa silifas a hannuwa biyu, ya tura ƙasa. Ranar farko sai da ya kai ƙarshen kwalta ya dawo, ba don yana da aike ba. Ya ce bai taɓa sanin iska na bugun fuskar mutum don shi ke tafiya ba, sai ran nan. Yara suna ce mashi keken boris. Manya kuwa keken Tambaya kawai suke cewa. Daga nan ya zama ba wanda ke cin takalmi a Tsafe kamar shi, mai sayar da silifas har tsokanarshi yake, wai wanda ba ya taka ƙasa shi ne babban mai cinikinshi.

Ba ya ɗaukar wuta. Duk gidan da anka kira shi, su za su ɗebo mashi garwashi a kasko, ya zauna a zaure ya yi aikinshi. Ba ya ma buƙatar kiran ciniki, don ƙarar boris a kan kwalta tun daga nesa ake jin ta, mata su fara aiko yara da robobi. A haka ya samu Ladidi. Wata budurwa ce da bokitinta ke yawan tsagewa, yau a gindi, jibi a baki. Sai da anka yi aure ta faɗa mashi da kanta take tsaga shi. Danginta sun ɗan yi gunaguni, amma mutum ne mai ciyar da kanshi, ba su samu abin kamawa ba. Allah ya ba su 'ya'ya, babban shi ne Sabiru. Da yake ɗan fari ne, Ladidi ba ta kama sunanshi, sai dai ta ce wancan. Shi ma Tambaya kai yake ce mashi, sai daga baya da yaron ya girma ya fara tuƙa Keke Napep, ya koma kiranshi Direba.

Shekarun da hanyoyi sunka lalace, ƙauyuka sunka fara watsewa, sai sunka tattaro sunka dawo Gusau, inda Sabiru ke aikinshi. Gemun Tambaya ya yi fari a lokacin. An canza katakon keken ba sau ɗaya ba, an canza boris ɗin ma, amma a wurinshi keke guda ne tun na Tsafe. Ya koyi lungunan sabuwar unguwa, ya san inda yashi ke riƙe taya, ya san gidajen da ke da kare. Sabiru ya sha ce mashi ya huta haka nan. Tambaya sai ya ce to, da safe kuma a ji ƙarar boris ta fita.

Ƙarshen wata damina abin ya faru. Ruwa ya cinye gefen kwalta a wata gangara da ke sauka cikin lungu, tsakuwa ta fito. Boris ɗin gaba dama ya yi tsatsa. Yana cikin gangarowa tsakuwa ta shige ciki, keke ya tsaya cak, shi kuma bai tsaya ba. Ya kai hannun dama don ya tare, wuyan hannun ya karye, goshi ya bugi bakin kwalbati ya fashe. Masu shago sunka ɗaga shi, wani ya kira Sabiru a waya. Sabiru ya zo ya sa shi a bayan Keke Napep ɗinshi sai babban asibiti.

A ƙofa anka tambayi abin da ya samu tsohon. Sabiru, hankali a tashe, ya ce daga keke ya faɗo. Mai rubutu ya rubuta hakan. Anka ɗinke goshi, anka ɗaure hannu da simintin nan na asibiti, anka ce sai ya kwana biyu saboda bugun da kai ya sha. Da likita ya ce mashi ya gode Allah hannu ne kawai ya karye, Tambaya ya ce a'a, ƙafarshi ce ta karye. Likita ya dubi ƙafafun da ke naɗe cikin zane, ya dubi hannun, sai ya gane.

Ran nan da la'asar Sabiru ya koma inda abin ya faru, ya ɗauko keken katakon, ya kai gida, ya jefa shi bisa kwanon ɗaki ya danne da dutse. Ya dawo asibiti ya faɗa wa ubanshi a gaban Ladidi: an gama da wannan katako. Ba mugunta ba ce. Yaron ya ga jinin ubanshi a bakin kwalbati. Ya kuma daɗe yana jin maganar abokan aikinshi a tasha, wai yana ɗaukar mutanen gari a keke mai inji, ubanshi na jan ƙasa da hannu. Ladidi ta sunkuyar da kai tana gyara kwanon abinci. Tambaya ya dubi silin. Bisa kwano wuri ne da ko yaro ɗan ƙarami zai iya hawa ya ɗauko abu, shi kaɗai ne a gidan ba zai iya ba. Ya san haka, Sabiru ma ya sani. In yana son kekenshi sai ya tambaya, shi kuwa ba ya tambaya.

Ranar da za a sallame shi, da hantsi, suna jiran takarda, sai ga wata mata ta shigo ɗakin da fayil a hannu. Ba likita ba ce, ba kuma mai ba da magani ba. Ta ce sunanta Maijidda, a ɗakin kati take aiki. Ta gaida Tambaya, ta gaida na gadon kusa da shi, wani dattijon Bafillace daga wajen Bungudu mai suna Mamman, wanda ya faɗo daga itace yana saro wa shanu ganye ya karya cinya.

Aikinta, yadda ta bayyana masu, shi ne ta karanta abin da likita ya rubuta a kan maras lafiya ta mai da shi lamba. Akwai wani littafi babba da asibitocin duniya ke aiki da shi, kowace cuta da lambarta a ciki, don in shekara ta ƙare a san abin da ya fi kawo mutane asibiti. Wanda ya ji rauni kuwa ba lamba guda ake ba shi ba. Akwai ta abin da ya karye, akwai kuma ta yadda anka yi ya karye. Ta hannu da ta goshi ba su ba ta wahala ba. Ta faɗuwar ce ta tsaya mata, don likita ya rubuta keke kawai, a bakinmu kuwa komi keke ne. A littafin, keke mai feda gidanshi daban, mai ƙafa uku mai inji gidanshi daban, kujerar guragu ma daban. Mamman daga gadonshi ya ce ta manta da keken ɗinki, ko shi ba a faɗowa daga kanshi?

Ta ce ta ji an ce ɗanshi direban Keke Napep ne, har ta kusa rubuta cewa fasinja ne ya faɗo, sai ta ga gara ta zo ta ji daga bakinsu tunda ba su tafi ba. Sabiru ya miƙe tsaye. Wato a rubuta a littafin duniya shi ya kayar da ubanshi? Ya rantse tun da ya fara tuƙi ko buhun albasa bai taɓa faɗo mashi ba. Ba kekenshi ba ne, in ji shi, wani katako ne na banza da tsohon ke hawa, kuma an riga an raba shi da shi.

Maijidda ba ta bi ta kanshi ba. Ta matso kusa da gado ta tambayi Tambaya da kanshi. Abin yana da inji? Ya ce babu. Yana da feda ko abin murzawa da hannu? Babu. Dabba ke ja? Mamman ya ce in dai ba a lissafa mai shi ba, babu. Mota ko babur ya buge shi? A'a, tsakuwa ce. To wa ke turawa?

Tambaya ya ɗaga hannun hagu, wanda bai karye ba, ya buɗe mata tafin. Fatar ta yi kauri ta tsattsage kamar diddigen manomi.

Ta dube shi, sannan ta ciro wayarta ta ɗan yi ta dubawa. Ta ce irin nashi ba shi da suna a littafin, amma an bar wuri don sauran irinsu. Lambar kanta kar ki tambaya, Hafsatu, shi ma bai riƙe ta ba. Abin da ya riƙe shi ne abin da ta faɗa bayan nan. Ta ce littafin ya raba mutanen hanya gida biyu, masu abin hawa da waɗanda ba su hau komi ba, shi kuma ba ya cikin masu abin hawa.

"Baba, a lissafinmu kai mai tafiya da ƙafa ne."

Ɗakin ya ɗauki dariya. Har wani mai jinya a can ƙarshe da bai san farkon maganar ba ya taya su. Tambaya bai yi dariya ba. Tun yana yaro ya san kalar dariyar da ake yi a kanshi, ya kuma iya jiran ta wuce. Da ta lafa ya ce, a hankali, "Ɗiyata, wasa na ko?"

Sai ta durƙusa a gefen gadon, fayil a kan gwiwa. Ta ce wallahi ba wasa ba ne, haka yake a rubuce. Jariri da ake turawa a ɗan kekenshi, da mai tura amalanke, da yaran nan na birni masu takalmi mai taya, da wanda ke kan kujerar guragu, duka a layi guda suke da wanda ke takawa. Ta ce ita ma da tana makaranta abin ya ba ta mamaki.

"Littafin bai tambayi ko mutum na da ƙafa ba, Baba. Yadda yake tafiya a hanya ya duba."

Mamman ya ce to shi da ya faɗo daga itace fa, lambar biri za a ba shi? Ta ce mashi faɗowa daga itace ma da lambarta, kuma mutane ne sunka fi yawa a ciki. Anka sake dariya, wannan karon har da Tambaya kaɗan. Ta rubuta abin da za ta rubuta, ta yi masu Allah ya sawwaƙe, ta fita. Ba ta san me ke bisa kwanon ɗakinsu ba, ba ta kuma zo don shi ba. Aikinta ta zo gyarawa.

Anka koma gida. Hannu na cikin siminti, ba tafiya ko da keken na ƙasa. Tambaya ya yini a tabarma a gindin bango, inda in ya ɗaga kai yana hango gefen katakon da taya guda ta leƙo. Rana ta buge shi, raɓa ta sauka a kai. Mata sunka yi ta aiko yara da robobi, Ladidi na mai da su. Wasu sunka bar nasu wai in ya warke, har robobin sunka taru a bayan ƙofa. Shi kuma maganar ɗiyar nan ta ɗakin kati ta ƙi barinshi. Duk rayuwarshi sunan da ake ba shi daga ƙafafun ake ɗauko shi: gurgu, musaki, bawan Allah. Bai taɓa jin haushi ba, don gaskiya ne. Amma ga wasu mutane can wata ƙasa, ba su san shi ba, ba su kuma yi don su faranta mashi ba, sun zauna sun rasa inda za su sa irinshi sai cikin masu takawa. Da tausayi ne ya sa sunka faɗi haka, da bai ɗauka ba. Abin da ya kama shi shi ne ba tausayi a ciki.

Sabiru kuwa bai zauna ba. Ya yi ta neman hanya har ya samo kujerar guragu ta hannu, irin mai manyan tayoyi da mariƙi a baya, ya wanke ta, ya sa mata matashi. Ya kawo ta tsakar gida yana murna. Tambaya ya sa mashi albarka, don ya san abin da yaron ya sha kafin ya samo ta.

Ranar Juma'a anka ɗaga shi anka aza a kai, Sabiru ya tura shi zuwa masallaci. Tambaya bai taɓa ganin unguwar daga wannan tsawo ba. Ya ga saman teburin mai shayi, ya ga cikin shagon da kullum ƙofarshi kawai yake gani. Amma ya lura da wani abu. Mutanen da sunka saba duƙowa su ce Tambaya ina gajiya, yau Sabiru suke gaisarwa ta saman kanshi, su ce ya mai jiki, Allah ya ba da lada. In ya so ya tsaya wurin mai goro sai an wuce da shi. Da anka idar da salla suna fitowa, wani baƙo mai babbar riga ya ratso, ya ajiye mashi kuɗi a cinya, ya wuce bai ko dube shi ba.

Tambaya ya dubi kuɗin. Tun daga kan jakin ubanshi har ran nan, hannun wani bai taɓa ajiye mashi sadaka ba. Wanda ya gan shi a kan katako da ƙarafa a jaka ya san mai sana'a ne zai wuce. Ya ɗauka da hannun hagu, da sunka zo wurin wata makauniya a bakin hanya ya ce a tsaya, ya ba ta. Sabiru ya gani.

Tambaya bai ɗauko maganar katakon ran nan ba, bai ɗauko ta washegari ba. Sai da anka cire siminti, hannun ya fito siriri, fatar ta yi laushi kamar ba tashi ba. Ya yi ta matsa ƙwallon tsumma yadda anka ce ya yi. Wata safiya Sabiru na goge Keke Napep ɗinshi a ƙofar gida zai fita, Ladidi na dama koko, sai Tambaya ya ja jiki har bakin zaure. Bai ce Direba ba, bai ce kai ba.

"Sabiru."

Yaron ya juyo da tsumma a hannu. Ladidi ma ta tsaya da ludayi, don rabon da ta ji sunan a bakin mijinta tun ranar suna.

Tambaya ya ce mashi ko ya tuna shekarar da innarshi ta zame a bakin rijiya a Tsafe ta gurɗe ƙafa, har ta yi wata ba ta takawa. Sabiru ya ce ya tuna. To da ta warke, an ce kar ta sake takawa? An ɗauke mata ƙafafun an aza bisa kwano? Sabiru ya ce wannan daban. Tambaya ya ce shi ma da haka ya ɗauka, sai ɗiyar nan ta asibiti ta ce ba daban ba ne. Tuntuɓe ya yi, irin wanda kowa ke yi.

Sabiru ba wawa ba ne, kuma yana wurin anka yi maganar. Ya ce in dai littafin ne, ai ta ce kujerar ma a layi guda take da katakon. Wanda ke kanta shi ma mai tafiya da ƙafa ne. To me ya rage?

Tambaya ya san yaron ya faɗi gaskiya. Can ya ce, "Haka ta ce. Amma bisa kujera, ƙafar da ka tafiya taka ta, ba tawa ba. Bisa katako, tawa ta." Ya ƙara da cewa, "Ban taɓa tambayar ka komi ba. Yau ina tambaya. Sauko man da shi."

Sabiru ya ce in ya sake faɗuwa fa? Tambaya ya ce zai iya faɗuwa, ba zai yi mashi alkawarin ƙarya ba. Sabiru ya ce mutane za su yi magana. Ladidi ce ta amsa wannan, daga bakin murhu, ba ta ko ɗago ba. Ta ce lokacin aurenta ma sun yi, ga shi har ta haifi mai jin tsoron maganarsu.

Bai sauko da shi a take ba. Ya tada kekenshi ya fita aiki, ranshi a ɓace. Tambaya ya koma tabarma, ya ɗauka shi ke nan, ya tambaya an hana shi. Sai bayan azahar Sabiru ya dawo, lokacin da bai saba dawowa ba, da sababbin boris a leda. Ya taka taga ya hau, ya ture dutsen, ya sauko da katakon. Rana ta tsaga shi a gefe guda. Ya kai wa kafinta anka canza, ya sa anka buga guntun tayar mota a gaba yadda in an danna zai riƙe ƙasa a gangara. Tambaya ya ce wannan ƙari ne ba ya buƙata. Sabiru ya ce in ba da shi ba to a mai da katakon inda yake. A nan sunka daidaita. Kujerar kuwa ba a yar da ita ba, tana zaure, ranar da ruwa ya cika lungu ita ake hawa.

Hannun bai koma yadda yake ba. Da sanyin safiya yana yi mashi tsami, kuma unguwannin nesa da yake zuwa da, ya bar su. Gangarar da ta kayar da shi ma zagaye ta yake yi. Amma robobin bayan ƙofa sun ƙare, ƙarar boris ta dawo lungu, mata sun koma ɗebo garwashi.

Da ranar komawa asibiti ta zo don a duba hannun, Sabiru ya kai shi bakin ƙofa ya ce zai dawo ya ɗauke shi. Tambaya ya sa anka sauke mashi katakon, ya sa silifas a hannu, ya bi baranda har ɗakin kati, don sai an ciro fayil kafin a ga likita. Tagar ta yi mashi tsawo, sai ya ƙwanƙwasa bango da silifa. Maijidda ta leƙo, ba ta ga kowa ba, sannan ta dubi ƙasa. Ta ɗan yi jim kafin ta gane shi, don mutanen da ke bi ta hannunta ba su da iyaka. Da ta ga katakon sai ta tuna. Ta gaishe shi, ta tambayi hannu, ta karɓi katin. Tana neman fayil ta ce, yau ba ta ga direban ba, da me Baba ya shigo?

Ya ce, "Da ƙafa."